Darasi Daga Rayuwar Hajiya Balaraba Ramat

Ran da na je hutu gida a Kudan, na tarar ana shawarar cire 'yar baffana daga makaranta. Wai kuɗin rake na bana bai auku ba, ita kuwa ta isa aure. Abin da ya sa ke nan na ɗauki alƙalami, don in ba iyayenmu da 'yan'uwana ɗalibai labarin wata baiwar Allah.

Mutanen Faransa suna alfahari da Marguerite Duras, wadda ta rubuta littattafai, ta kuma rubuta labarin fim ɗin Hiroshima mon amour na 1959. To, mu ma Hausawa muna da tamu, wato Hajiya Balaraba Ramat Yakubu ta Kano, ƙanwar marigayi Janar Murtala Muhammad. Tun tana yarinya aka cire ta daga firamare aka yi mata aure, auren kuwa bai daɗe ba ya mutu. Amma ba ta zauna tana kuka ba, sai ta shiga makarantar yaƙi da jahilci.

A 1987 ta fitar da Budurwar Zuciya, a 1990 kuma Wa Zai Auri Jahila? da Alhaki Kuykuyo Ne. Wannan na ƙarshe labarin Rabi ne, wadda mijinta ya kora da 'ya'ya tara saboda amarya, ta riƙe su da sayar da abinci. An mayar da shi fim a 1998, aka kuma buga fassararsa ta Turanci a Indiya a 2012. Ita ce kuma ta rubuta labarin fim ɗin Juyin Sarauta na 2017.

Na san wasu iyaye za su ce irin waɗannan littattafai ɓata tarbiyya suke yi. Ina roƙonsu su karanta tukuna. Wace unguwa ce daga Ikara zuwa Maƙarfi babu irin Rabi a cikinta? Faɗar gaskiya ba rashin kunya ba ne.

Wasu kuma za su ce, ai ga shi nan, an cire ta amma ta zama wani abu. A'a! Ba kullum ake kwana a gado ba. Ita ɗaya ta samu ta koma, nawa ne ba su samu ba? Da an bar ta ta gama karatu da ƙuruciya, wa ya san inda za ta kai?

Aure ba laifi ba ne, amma ba ya gudu. Rake in bai yi bana ba ya yi baɗi, shekarun karatun yarinya kuwa in sun wuce sun wuce. Baffa, don Allah a bar ta ta gama. Allah Ya sa mu dace, amin.