Sanarwar Bayan Taron Malaman Ilimin Halittu na Sabon Birni da Isa Kan Kalmomin Jinsi, Nau'i da Iri



Mu malaman ilimin halittu da na aikin gona da ke koyarwa a makarantun sakandaren ƙananan hukumomin Sabon Birni da Isa, mun yi zaman ƙungiyarmu na wuni biyu a garin Isa bayan an kammala yankan gero. Mun gayyato wasu dattawan manoma da makiyaya, da malamin gona, da wani malamin zaure mai karantar da mantiƙi. Ba duk 'yan ƙungiya suka samu zuwa ba, domin halin da hanyoyinmu suke ciki ba ɓoyayye ba ne. Taro ya karɓi uzurinsu, ya kuma yi addu'a Allah Ya dawo wa ƙasar Gobir da zaman lafiya.

Tambaya ɗaya ce ta tara mu: idan littafin Turanci ya ce species, me za mu ce wa yaro da Hausa?

Abin da taro ya lura da shi

Dukanmu muna fassara darasi da Hausa a cikin aji, ko mun faɗa ko ba mu faɗa ba, don in ba haka ba rabin aji ba zai bi mu ba. Da muka zagaya kowa ya faɗi kalmar da yake amfani da ita, sai muka tarar wani yana cewa jinsi, wani nau'i, wani iri, wani ma kala. Yaro ɗaya zai ji duka huɗun kafin ya bar sakandare. Yana iya jero matakai bakwai na rarrabe halittu kamar karatun allo, ya rubuta su daidai a jarrabawar WAEC ko NECO, amma in ka tambaye shi ko gero da maiwa abu ɗaya ne, sai ya yi shiru, alhali shi ya yi noman su da hannunsa. Wannan laifin namu ne, ba na yaran ba.

Taro ya fara da ma'ana kafin ya taɓa suna. Ma'aunin da aka fi koyarwa, wanda masanin dabbobi Ernst Mayr ya tsara a 1942, shi ne: halittun da ke barbara ko haɗa fure da junansu, su haifi 'ya'yan da su ma za su haihu, su ne species ɗaya. Wani dattijo makiyayi ya riga mu kawo misalin. Jaki ya hau goɗiya, a samu alfadari, ga ƙarfi ga juriya, amma a nan zuriyar take tsayawa, ba ya haihuwa sai nadiran. Dalilin yana cikin ƙunshin gado da ake kira kuromosom: doki yana da 64, jaki 62, alfadari ya tashi da 63, lissafin da ba ya rabuwa biyu daidai. Doki da jaki sun yi kusa har sun iya haɗuwa, amma ba su kai su zama abu guda ba. Gudali da Rahaji da Bunaji kuwa, duk da bambancin ƙaho da tozo da launi, suna haihuwa da juna, 'ya'yansu ma su haihu. Haka Uda da Balami da 'Yankasa a cikin tumaki. Haka jar akuyar nan da mu muke kira ta Sakkwato, 'yan'uwanmu na ƙetaren iyaka suke kira ta Maraɗi: akuya ce kamar kowace akuya, kyawun fatarta da yawan tagwayenta ne suka fitar da ita.

A kan gero muka fi daɗewa, kuma ya cancanta. An baje zangarniya huɗu a kan tebur: ta Zango mai tsawo, ta SOSAT gajera mai kauri, ta maiwa, da ta shibra. Manoman da ke wurin ba su yarda da farko cewa gero da maiwa abu ɗaya ba ne. Hujjarsu mai ƙarfi ce: gero yana nuna cikin kimanin wata uku, maiwa kuwa tana jira sai damina ta ja baya kafin ta yi kai, kuma ko a faifai mace ta san bambancinsu. Malamin gona ya yi bayanin cewa maiwa tana jiran gajartar wuni ne kafin ta fitar da kai, shi ya sa furenta da na gero ba su cika haɗuwa a gona ba, amma in lokacinsu ya zo ɗaya suna haɗuwa, su ba da iri mai tsirowa. Daga nan wani dattijo ya ɗauki zangarniyar shibra ya murza ta a tafin hannu, ƙwayoyin suka zube da kansu. Ya ce tun yana yaro yake ganin ta tana fitowa cikin hatsi ba wanda ya shuka ta, ba a gane ta a noman farko, sai ta riga kowa yin kai, ta zubar da 'ya'yanta ƙasa kafin a zo yanka, shekara ta zagayo ta sake fitowa. Ya tuna mana kuma cewa a shekarar yunwa ita ake fara tsinka a kai gida kafin gero ya nuna.

Abin da dattijon ya bayyana shi ne abin da masana suka rubuta: shibra tsatso ce da ta fito daga haɗuwar geron gida da geron daji na bakin Sahara, wanda daga gare shi aka samo geron da muke ci, kimanin shekara 4,500 da suka wuce kamar yadda aka gano a kwarin Tilemsi na ƙasar Mali. Taro ya ji daɗin sanin cewa masana irin su Brunken da de Wet da Harlan, a rubutunsu na 1977 kan asalin gero, da wannan kalma tamu ta shibra suka kira ta. Kalmar manomin Hausa ta shiga littattafan duniya, mu kuma muna jin nauyin faɗinta a aji. Shibra ta koya mana wani abu kuma: iyakar da ke tsakanin halittu ba kullum take kamar katanga ba, musamman a tsirrai. Bai kamata mu ɓoye wa ɗalibi wannan ba.

Sai aka ajiye ƙarangiya kusa da geron. A shekarar 2010 masu binciken ƙwayoyin gado suka nuna cewa rukunin da gero yake ciki, Pennisetum, da na ƙarangiya, Cenchrus, tushensu ɗaya, aka haɗe su. Geron da littattafanmu ke kira Pennisetum glaucum yanzu ana rubuta shi Cenchrus americanus a wurare da yawa, ƙarangiya kuwa Cenchrus biflorus, kyasuwa ma ta bi su. Ciyawar da ke maƙale wa yaro a wando a hanyar makaranta 'yar ɗaki ɗaya ce da abin da aka dama masa fura da shi. Wannan matakin na sama, mai tara gero da ƙarangiya da kyasuwa, shi ne genus, kuma shi ma yana bukatar sunansa.

Muhawara kan kalmomi

Masu goyon bayan a ce wa species jinsi sun kafa hujja da cewa haka kunne ya saba ji a rediyo: jinsin ɗan'adam, jinsin tsuntsayen da ke ƙarewa. Malamin zaure ne ya juya zancen. Ya tuna mana cewa kalmomin biyu ba baƙi ba ne a ƙasar nan. Duk almajirin da ya karanta littafin Sullam na Akhdari a fannin mantiƙi ya san jinsi shi ne babba mai tattarawa, nau'i kuma yana ƙarƙashinsa: dabba jinsi ce, mutum da doki nau'o'inta ne. Littattafan kimiyya na ƙasashen Larabawa ma a kan wannan tsari suke tafiya har yau. Ya yi mana gargaɗi guda, wanda muka karɓa da godiya: a mantiƙi abu ɗaya yana iya zama jinsi ga na ƙasa da shi, ya zama nau'i ga na sama da shi, a ilimin halittu kuwa kowane mataki a kafe yake. Mun ga bai dace mu bar abin da malamanmu suka daɗe suna karantarwa a zaure mu ƙirƙiro wani sabo ba.

Matsayar taro

Na ɗaya. Daga zango mai zuwa, a duk ajin da ɗan ƙungiya yake koyarwa, nau'i shi ne species, jinsi shi ne genus. Doki nau'i ne, jaki nau'i ne, jinsinsu ɗaya. Wasu daga cikinmu ba su gamsu ba, suna ganin nau'i ta yi yawo da yawa a bakin mutane, har ana cewa nau'in waya da nau'in atamfa. An rubuta ra'ayinsu, sun kuma yarda su bi rinjaye na shekara ɗaya, sannan a sake dubawa da abin da aji ya nuna.

Na biyu. Iri shi ne abin da ke ƙasa da nau'i wanda hannun mutum ya zaɓa ya raina: Zango da SOSAT da maiwa a gero, kaura da farfara a dawa, Gudali da Rahaji a shanu. A nan ba mu ƙara wa manomi komai ba, shi ya riga mu. Abin da ya ware da kansa a daji, kamar geron daji, za a ce masa ƙaramin nau'i. Dangi shi ne matakin da ke sama da jinsi, kamar yadda akuya da tunkiya da saniya suke dangi ɗaya, jinsi uku. An soke kala daga wannan darasi gaba ɗaya.

Na uku. Tunda jinsi tana nufin namiji da mace a darasin nahawun Hausa da maganar yau da kullum, malamin halittu zai riƙa cewa namiji ko mace kai tsaye a darasin haihuwa, kuma zai gaya wa ɗalibai tun ranar farko cewa kalmar tana da aiki biyu.

Na huɗu. Sunan kimiyya mai kalma biyu, wanda Carl Linnaeus na ƙasar Suwidin ya daidaita wa tsirrai a 1753 da dabbobi a 1758, ba za a fassara shi ba. Kalmar farko jinsi ce, da babban baƙi. Ta biyu ta nau'i, da ƙaramin baƙi. A ja layi a ƙarƙashinsu in da hannu aka rubuta. Mu da ke bakin iyaka mun fi kowa sanin amfaninsa. Yaronmu yana karatu da Turanci, ɗan baffansa na ƙetaren iyaka, a Tsibiri ko Madawa, yana yi da Faransanci, abin da zai haɗa littattafansu shi ne Hausar gida da wannan suna. Za mu kuma sanar da ɗalibai cewa sunayen suna canjawa. Bagaruwar da majema ke jeme fatar jar akuya da ita, tsofaffin littattafai suna kiranta Acacia nilotica. Bayan shawarar babban taron masana tsirrai na Biyana a 2005, wadda aka tabbatar a Melbon a 2011, an bar wa itatuwan Ostireliya sunan Acacia, bagaruwa ta koma Vachellia nilotica, dakwara mai ba da ƙaro ta koma Senegalia senegal. Masanan Afirka da dama ba su ji daɗin wannan hukunci ba, mu ma ba mu ji ba, ganin cewa bagaruwa ce a da ake auna sunan da ita. Gawo shi tun 1934 aka ware masa jinsinsa, Faidherbia albida. Ɗalibi ya san tsohon suna da sabo, kuma kada malami ya ci shi da kuskure don ya rubuta ɗayansu.

Na biyar, kuma wannan manoman suka fi matsa mana a kai. Ƙuduji, wanda wasu ke kira wuta-wuta, suna ɗaya ne a bakinmu amma nau'i biyu ne a gona: Striga hermonthica mai shan jinin gero da dawa, da Striga gesnerioides mai kama wake. Na hatsi ba ya rayuwa a jikin wake, shi ya sa hutar da gonar da ya cinye ta hanyar shuka wake ko gyaɗa yake rage shi. Taro ya umarci kowane malami ya buɗe darasin rarrabe halittu da wannan misali, da tsiron a hannunsa in lokacinsa ne, kafin ya rubuta komai a allo.

Matakan da ke sama da dangi ba mu cimma matsaya a kansu ba. An bar su sai zama na gaba.

Kira

Muna roƙon sassan nazarin halittu da na harsunan Najeriya na Jami'ar Usmanu Danfodiyo, da Kwalejin Ilimi ta Shehu Shagari da ke Sakkwato, su duba wannan matsaya, su gyara mana inda muka kauce, don abin da za a koya wa malaman gobe ya zo ɗaya da abin da muke faɗa a aji. Muna roƙon gidajen rediyo masu shirye-shiryen noma su riƙa bambanta nau'i da iri.

Ƙungiya ta kuma ɗora wa kanta aiki. Tun 1916 J. M. Dalziel ya wallafa ƙamus na sunayen tsirrai da Hausa, kuma har yanzu ana komawa gare shi, amma fiye da shekara ɗari ke nan, kuma Gobiranci yana da sunayen da ba lallai su zo ɗaya da na Kano ba. Kowace makaranta za ta sa ɗalibanta su tattaro sunayen itatuwa da ciyayi da irin shuka daga bakin iyaye da kakanni, daga fadamun Gulbin Rima da Bunsuru har zuwa tudu, a busar da ganye a manna a takarda, a rubuta sunan garin da aka ji sunan. Ba a yarda a tura yaro daji saboda wannan aiki ba. Abin da ke bayan gida da bakin gari da kasuwa ya isa.

Taro yana godiya ga dattawan da suka baro gonakinsu a tsakiyar kaka suka zauna da mu wuni biyu, da malamin da ya ara mana ilimin zaure, da makarantar da ta ba mu ɗaki. Zama na gaba a Sabon Birni za a yi shi in Allah Ya kai mu, kuma kowane malami zai zo da takardun ɗalibansa na darasin nan, waɗanda suka ci da waɗanda suka faɗi.

Sa hannu:
Shugaban ƙungiya
Sakataren ƙungiya
A madadin dukan mahalarta