A Yi wa Keke Rumfarsa a Gida

Tun da Shugaba Bola Tinubu ya sanar da cire tallafin man fetur ranar 29 ga Mayu, 2023, darajar keke ta dawo. Malaman makaranta da ƙananan ma'aikata da dama sun jingine babur, sun kakkaɓe tsohon Raleigh ko Phoenix da ke ƙuryar ɗaki. A Maiduguri ma tun 2011, da aka hana hawan babur, jama'a suka rungumi keke.

Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne yadda muke ajiye shi. Akuya na da turkenta, kaza na da akurki, amma keken da ke kai maigida wurin neman abinci sai a jingine shi ƙarƙashin indararo, ko a tura shi zaure inda baƙo zai yi tuntuɓe da feda.

Ku tambayi kowane mai gyaran keke abin da ake kawo masa bayan ruwan Agusta. Sarƙa ta yi tsatsa, wayar birki ta ƙage, sirdi ya sha ruwa ya ruɓe. Zafin bazara kuma ya busar da taya har ta tsattsage, ƙurar hunturu ta cakuɗe da man sarƙa ta riƙa cinye haƙora a hankali. Kuɗin da muke kai wa mai gyara da kaɗan-kaɗan, da an tara shi, da ya yi rumfa.

Aikin ba wani mai yawa ba ne. Babban keke bai cika mita 2 a tsawo ba, don haka wuri mai tsawon mita 2 da faɗin mita ɗaya da rabi zai ɗauki kekuna biyu har da na yaro. Ginshiƙi huɗu da fallen kwano uku ko huɗu sun wadatar. In da hali a sa azara, domin gara ba ta cika damun giginya ba. In katako ne, a shafe gindinsa da baƙin mai kafin a binne. A juya wa gabas baya a kuma toshe wannan ɓangaren, tunda daga can hadari ya fi taso mana. A ɗaga daɓen ya ɗara tsakar gida, kwanon kuma a karkata shi yadda ruwa ba zai zuba a katangar maƙwabci ba.

Sai batun ɓarawo. Kafin siminti ya bushe, a sa mai walda ya lanƙwasa rodi a dasa shi a daɓen. Nan za a riƙa zura sarƙa da kwaɗo, kuma ta jikin ƙarfen keken za ta bi. Wanda ya ɗaure ƙafar gaba kaɗai, noti biyu za a kwance a bar masa ita.

Wani zai ce duk wannan zancen mai gidan kansa ne. Haka ne, shi ya sa nake kira ga masu gidajen haya. Gida mai ɗaki goma, kowa na kwana da kekensa kusa da katifa, alhali an bar fili ga motar da ba ɗan hayar da ya mallaka. Rumfa ɗaya a gefen ƙofa za ta ishi kowa, ta kuma hana a goge fentin ɗakuna da taya. Duk mai shirin aza tubalin gidan haya, ya sa ta cikin lissafi tun kafin magini ya ja igiya.