Tsohuwar Taya a Cikin Kwalta

Duk wanda ya ratsa ta bayan tashar mota ko rumfar masu faci a manyan garuruwanmu ya ga tsofaffin tayoyi tsibi-tsibi. Mutanenmu ba su yi sake da su ba, gama da su a ke yanka takalma, da tsohon tif kuma a ke ɗinka guga da igiyar ɗaure kaya. Amma abin da masu sana'a ke ɗauka kaɗan ne bisa ga abin da motoci ke zubarwa. Saura kuwa, da damina ruwa ya kwanta a cikinsu, sauron nan mai zanen baƙi da fari, wanda ke yaɗa ciwon shawara, ya sami gidan haya kyauta. Da rani a cinna musu wuta don a ciri wayar da ke ciki, ko a babbake ganda da su a mahauta, unguwa duka ta kwana tana shaƙar baƙin hayaƙi.

Saboda haka labarin da a ke yawan ji, cewa a waɗansu ƙasashe ana niƙa tayoyin a zuba cikin kwalta a shimfiɗa titi, labari ne da ya kamata akawunan hukuma da malaman makaranta su san gaskiyarsa tun kafin 'yan kwangila su zo musu da shi.

Sa abin yarwa cikin titi ba sabon abu ba ne. A shekarar 1901 wani Bature mai aikin safiyo a Ingila, Edgar Hooley, ya ga inda gangar kwalta ta zube kusa da wata maƙerar ƙarfe, aka watsa kashin maƙera a kai don a rufe ɓarnar. Ya lura wurin ya daskare, ba ƙura, ba rami. Shekara na zagayowa ya yi rajistar dabarar da sunansa. Ashe titin kwalta kansa da shara ya fara.

Ta taya kuwa, wani injiniya ne na birnin Finiks a Jihar Arizona ta Amurka, Charles McDonald, ya daidaita ta wajen shekarun 1960. Ana cire waya da zare, a niƙa robar ta zama kamar tsaki, sa'an nan a dama ta cikin kwalta mai zafin da ya kai digiri 180 ko fiye, a bar ta kamar awa guda tana tsotsar man kwaltar tana kumbura. Robar takan kai kashi ɗaya cikin biyar na haɗin. Abin da ya fito ya fi kwalta zalla kauri da danƙo: rana ba ta saurin narkar da shi, sanyin dare ba ya saurin tsattsaga shi, ƙarar motoci ma takan ragu a kansa. Hukumomin Kalifoniya sun ƙiyasta shimfiɗa mai kaurin inci 2 takan cinye taya kamar 2,000 a kowane mil na layi ɗaya. Finiks gari ne na hamada, zafinsa na bazara ya yi kama da na Sakkwato da Maiduguri, don haka ba za a ce dabarar ta ƙasar ƙanƙara ce ba. Afirka ta Kudu ma tana aiki da ita tun shekarun 1980. Ga shi kuma yawancin kwaltar da mu ke shimfiɗawa daga waje a ke sayo ta.

Leda ma ta sami shiga. A Indiya wani malamin kimiyya na Madurai, Rajagopalan Vasudevan, ya nuna in aka yayyanka leda aka watsa a kan tsakuwa mai zafi, takan narke ta lulluɓe ta kafin a zuba kwalta. A 2015 gwamnatin ƙasar ta umarci a riƙa yin haka a hanyoyin da ke kewayen manyan birane.

To, amma fa a yi hattara. A 1991 majalisar Amurka ta ɗauki zancen robar da zafi, ta yi doka cewa tilas kowace jiha ta sa robar taya a kashi 5 cikin 100 na kwaltar da ta ke shimfiɗawa da kuɗin tarayya daga 1994, a yi ta ƙarawa har ya kai kashi 20 a 1997. Jihohi suka yi ca, domin kuɗin aikin ya fi na kwalta zalla, 'yan kwangila da yawa ba su da injin damawa, waɗansu gwaje-gwajen kuma sun farfashe da wuri. Ba a ko fara aiki da tilascin ba aka dakatar da shi, a 1995 aka soke. Arizona da Kalifoniya, waɗanda suka koyi aikin sannu a hankali, suna cikin jihohin da suka ci gaba da shi. Idan ƙasa mai injiniyoyi da ɗakunan gwaji birjik ta yi tuntuɓe saboda gaggawa, ina ga ƙaramar hukumar da ba ta da ko ma'aunin zafin kwalta?

Ga kuma abin da ya fi wannan nauyi. Robar nan a fatar titi kaɗai ta ke aiki. Abin da ke kashe hanyoyinmu kuwa daga ƙasa ya ke tasowa: marmarar da ba a daddanne da kyau ba, lambatun da ya cushe, kwalbatin da ya yi ƙanƙanta, da tirelar da aka yi wa lodin da ya wuce ƙa'ida. In ruwa ya shiga ƙarƙashi, ko da me aka dama kwaltar sai ta lotsa. Dattawa sun tuna zamanin En'e, kafin gyaran ƙananan hukumomi na 1976, lokacin da leburori ke bin hanya da shebur da kwando suna yashe magudana, a kuma tsare manyan motoci bayan ruwan sama har hanya ta sha iska. Hanyoyin marmara ne kawai, amma masu kula da su sun san ruwa ne abokin gaba. Mu da mu ke da kwalta mun manta da wannan. Kada kuma wani ya ji wannan labari ya ce ai zuba juji da guntayen taya cikin rami da a ke yi a unguwanni shi ne dabarar. Wannan cikon banza ne, ruwan farko zai tone shi.

Ra'ayinmu shi ne a gwada, amma a gwada da awo. Ma'aikatar ayyuka ta jiha ta zaɓi hanya guda mai yawan motoci, a gyara ƙasanta da magudananta tukuna, sa'an nan a shimfiɗa mil ɗaya da kwalta zalla, mil na gaba da mai roba. A rubuta cikin takardar kwangila yawan robar, da zafin da za a dafa ta, da tsawon lokacin damawa, domin wanda ba a ɗaure shi da rubutu ba zai watsa garin taya kaɗan ya karɓi kuɗin mai yawa. Akawu ya buɗe littafi, bayan kowace damina a ƙirga tsaga da ramuka na kowane mil, a rubuta abin da aka kashe wajen faci, har shekara biyar. Kafin littafin nan ya cika, kada a yi doka, kada kuma a ba da babbar kwangila. In kasuwar tsohuwar taya ta buɗe, a tuna da masu yanka takalma da masu guga, a bar su su fara zaɓa. Injin niƙa ba ruwansa da mai kyau da marar kyau.

Malamai kuma ba sai sun jira gwamnati ba. Ajin lissafi na iya ƙirga tayoyin da ke yashe a unguwa, da motocin da ke wucewa ta gaban makaranta daga safe zuwa azahar, a miƙa wa hukuma adadin, gama ba mai kafa injin niƙa sai ya san yawan abin da zai niƙa. Tayoyin da aka ƙirga kuma a huda su ko a tara su ƙarƙashin rumfa kafin ruwa ya sauka.