Kafin a sa wa mai minshari wuƙa



A yawancin labaranmu, mai minshari abin dariya ne: Alhaji mai tumbi ya hana amarya barci, mai karatu ya ƙyalƙyale, a wuce. Amma akwai minsharin da ke yankewa ɗif, mutum ya yi daƙiƙa goma ko fiye babu numfashi, sannan ya zabura da gurnani. Idan hakan na faruwa sau 30 ko fiye a awa guda, likitoci na ɗaukarsa matsananci. Yana da alaƙa da hawan jini da shanyewar ɓarin jiki, ga gyangyaɗi a kan sitiyari.

Maganin farko shi ne na'urar CPAP mai hura iska ta hanci, wadda Colin Sullivan ya ƙirƙiro a Ostareliya a 1981. Ba kowa ke jure kwana da ita ba, balle inda wuta ba ta tsayawa. Daga nan sai maganar tiyata ta taso, kuma ra'ayina shi ne kada babban mutum ya yarda a yanke masa komai a maƙogwaro sai an ga inda hanyar ke rufewa yana barci.

Maƙogwaron mai ido biyu a buɗe yake, domin tsokoki na riƙe da shi. Sai barci ya zo suke saki. Wanda ya duba ka a farke bai ga ciwon ba. Shi ya sa a 1991 likitoci biyu a Landan, Croft da Pringle, suka bayyana wata dabara: a ba majiyyaci maganin barci ta jijiya, irin su propofol, har ya fara minshari, sai a zura siririn bututu mai kyamara ta hanci. Wuri huɗu ake dubawa: lallausan ganɗa da beli, gefunan maƙogwaro, tushen harshe, da ɗan murfin da ke kare hanyar iska lokacin haɗiya. Wani nasa harshe ne ke faɗawa baya. Irin wannan ko an cire masa beli, matsalar na nan, ya sha zafi a banza. Mu da muka tashi muna ganin wanzami na cire wa jarirai beli ba tare da wani bincike ba, ya kamata wannan ya tsaya mana a rai.

Ban ce gwajin ba shi da aibu ba. Barcin magani ba barcin Allah da Annabi ba ne. Propofol na danne matakin barcin da ake mafarki a cikinsa, alhali a nan tsokoki suka fi saki. Idan maganin ya yi yawa, hanyar za ta rufe fiye da yadda take yi a gida. Mintuna ne ake kallo, ba dare guda ba, kuma likita biyu na iya ganin bidiyo ɗaya su saɓa. Gwajin barci na dare ne ke faɗin ko akwai ciwon da tsananinsa. Wannan wurin kawai yake nunawa. Duk da haka gani ya kori ji, kuma naman da aka yanke ba ya dawowa.

Mai son sa wannan a labari, ya lura cewa mai ciwon bai san yana yi ba. Matarsa ce ke kwance ido biyu tana ƙirga shirun, tana zungurinsa ya juya.