Ilimi cikin sauƙi: Roba da zafin bazara

A Maijirgi, gabas da Tasawa bisa hanyar Damagaram, da wuya a sami gidan da babu roba. Da tsohuwar robar cikin taya ake ɗinka guga, da ita ake ɗaure buhun hatsi bayan babur, yara kuma su yi danƙon harbin tsuntsu. Ɗan kasuwa ma da siririyar roba yake ɗaure jikkunansa. Amma mutum nawa suka san abin da zafi yake yi mata?

Ƙarfe in ya ji wuta miƙewa yake yi. Robar da aka ja kuwa, in ta ji zafi, sai ta tsuke. Wani makahon masani ɗan Ingila, John Gough, shi ya bayyana haka a 1805, sannan James Joule ya auna abin a 1859. Mai shakka ya ja roba da sauri ya ɗora a leɓe, zai ji ɗumi. In ya sassauta ta, zai ji sanyi. Dalili shi ne, roba tarin zaruruwa ne a cukuikuye waɗanda ido ba ya gani. Ja yana miƙe su, zafi kuma yana motsa su su nemi komawa yadda suke.

To, kada wannan ya ruɗi kowa. Zafin da ke tsuke roba yau shi ke cin ta a hankali. A watannin Afrilu da Mayu, lokacin da awon zafi ke wuce 40 a ƙasashen Tasawa da Mayahi, iska da hasken rana suna tsinka zaruruwan nan da gaggawa. Sai roba ta tsattsage, ko ta yi danƙo ta manne wa takardun kuɗi. Gugan da ke yini a rana bakin rijiya, wata rana zai yage da ruwansa, kuma rijiyoyin yankin ba su da kusa. Kayan da aka ɗaure da busasshiyar roba kan zube tsakiyar hanya, wani lokaci har da mai babur ɗin.

Sanyi ma yana da nasa sharrin, don yana sandarar da ita. Ran 28 ga Janairu 1986, kumbon Amurka mai suna Challenger ya tarwatse daƙiƙa 73 bayan tashinsa, mutum 7 suka halaka, saboda sanyin safiya ya hana wani zoben roba toshe mahaɗa.

Rigakafi ya fi magani. A rataye guga a inuwa bayan an gama ɗiba, a nisanta roba da man fetur da baƙin mai. Kafin a ɗaure kaya a ja ta a duba: in ƙananan tsagu sun bayyana, kwananta ya ƙare. Kuɗin ajiya kuwa, zare ya fi masu aminci.