Jan Hankali a kan Mota da Sahun Masallata

Bismillahir Rahmanir Rahim. Godiya ta tabbata ga Allah, tsira da aminci su tabbata ga Manzonsa da alayensa da sahabbansa. Bayan haka:

Ya ku malamai da almajirai na birnin Kano, ku sani akwai wata mas'ala da ta shigo zamaninmu, wadda magabata ba su gan ta da ido ba, amma sun bar mana hukuncinta. Ita ce mota ta faɗa cikin taron jama'a, ko da gangan ko bisa kuskure.

A watan Yuni na 2024, a garin Imawa na ƙasar Kura, bisa hanyar Zariya, babbar mota ta ƙwace ta auka wa mutane suna fitowa daga sallar Juma'a, mutum 14 suka rasu. Allah ya jiƙansu. Wannan aka ce haɗari ne. Amma a Gombe, daren Ista na 2019, wani ma'aikacin tsaro ya yi cacar baki da yaran Kirista masu zagayen bikinsu a kan hanya, sa'an nan ya bi ta kansu da motarsa. Yaran da suka mutu ba su kasa takwas ba. Jama'a suka kashe shi nan take tare da abokin tafiyarsa, gari ya yamutse har aka sa dokar hana fita.

A ƙasashen Turawa kuwa abin ya zama makami sosai. A birnin Nis na Faransa, ran 14 ga Yuli 2016, mutum ɗaya da babbar mota ya kashe 86, cikinsu har da Musulmi da dama. A Landan, cikin azumin 2017, wani maƙiyin Musulmi ya bi ta kan waɗanda suka fito daga sallar dare, dattijo ɗaya ya rasu. Mai wannan aiki, ko sunansa na Musulmi ne ko na wani, ɗan ta'adda ne, hukuncinsa na muharibi ne, wanda yafewar magada ba ta kuɓutar da shi.

To, mutanen garinmu sun rabu a kan maganar. Waɗansu suka ce ai ƙaddara ce, kuma na Turai fitinarsu ce, ba ta shafe mu ba. Waɗansu suka ce a hana salla a kan titi ɗungum, a hana maukibi da zagaye. Ni dai ina ganin duka biyu sun yi gaggawa.

Masu cewa ƙaddara, mun yi imani da ƙaddara, alherinta da sharrinta. Amma malamanmu na Malikiyya ba su rufe babin lamuni da ita ba. Duk almajirin da ya kai babin jini da haddodi a Risala ya karanta cewa mai kora dabba, da mai janta, da mahayinta, su ke ɗaukar abin da ta taka. Kadan an ɗora wannan a kan mai jaki, ina ga mai tirela da ya fito da ita alhali ya san burkinta ya ci, ko mai ita da ya hana kuɗin gyara? Kisan kuskure yana da diyya a kan dangi, raƙumi ɗari ko dinari dubu, da kaffarar azumin wata biyu a jere. Kisan ganganci yana da ƙisasi. Watau niyya ita ke raba hukunci, amma a gaban alƙali, bayan an rufe gawa. Wanda ke cikin sujada bai da hanyar sanin ko burki ne ya tsinke ko zuciyar direba ce ta ɓaci, ƙarfen da ya same shi nauyinsa ɗaya ne. Saboda haka tsarin da zai kare shi daga ɗaya shi ne zai kare shi daga ɗayan, ba mu da bukatar jiran a tabbatar mana akwai maƙiyi kafin mu tashi.

Masu cewa a hana kuwa, suna da abin riƙo, domin an yi hani ga salla a tsakiyar hanya. Sai dai Muhtasar ya inganta Juma'a a harabar masallaci da hanyoyin da ke haɗe da shi in ya yi ƙunci ko sahu ya sadu. Kowa ya san masallatan Kano ba su ɗauke jama'arta ran Juma'a. Wanda ya ce a koma ciki, sai ya nuna mana cikin. Abin da ni ke gani shi ne a bambanta hanya da hanya. Babbar hanyar da ta haɗa gari da gari, irin ta Zariya ko ta Katsina ko ta Wudil, inda tirela da tanka ke gudu da kaya, wannan ba wurin shimfiɗa darduma ba ne ko kaɗan, kuma matafiyi da mai ɗauke da majinyaci da wanda ba Musulmi ba duk suna da hakki a kanta. Masallacin da ke bakinta ya mai da sahunsa baya, ya buɗe ƙofar fitarsa ta wajen gari. Amma titin cikin birni, wanda ke da wata hanyar kewayawa, a rufe shi na ɗan lokacin salla, rufewa ta gaskiya.

A nan ne ni ke so in daɗe, domin abin da mu ke kira rufewa yanzu wasa ne. Igiya ce a ɗaure, ko benci, ko tayar mota, da yaro ɗan agaji a tsaye da sanda. Allah ya saka wa 'yan agaji, suna barin sahu don mu samu salla. Amma igiya tana tsai da mai kunya ne kaɗai. Mun koya a fiƙihu cewa sutura kaurin mashi ce da tsawon kamu ɗaya, wannan kuwa don mai wucewa da ƙafa ne, wanda zai gani ya kauce. Mota mai gudu sai abin da ya fi ta nauyi, ko nisan da zai cinye gudunta. Masallata kuwa sun fi kowane taro rauni: fuskarsu na alƙibla, kafaɗa na jikin kafaɗa, takalmi a cire, ba mai waiwaye.

Kakanninmu sun fahimci wannan. Tun zamanin Sarki Gijimasu aka fara ganuwa, aka yi mata ƙofofi ƙuntatattu, don kada mahaya su shigo a guje. Mu muka faɗaɗa su saboda mota, ba kuwa laifi ba ne. Lungunan cikin birni har yau suna tsare kansu, a-daidaita-sahu ma da kyar ya ke ratsa waɗansu. Haɗarin yana manyan titunan da aka fasa: wajen Babban Masallaci, da filin Idi na Ƙofar Mata, da hanyar maukibin Ƙadiriyya, da hanyar Dala ran Takutaha. Bayan harin da aka kai Babban Masallaci ran 28 ga Nuwamba 2014, inda fiye da mutum ɗari suka rasu, mun koyi laluben mai shigowa. Titi ne ba mu koyi tsarewa ba.

A tsai da manyan motoci tun daga mararraba mai nisa, 'yan Karota su juya su tun kafin liman ya hau mumbari, kuma kada a buɗe sai jama'a sun watse, domin na Imawa sun riga sun sallame. A bakin sahu a gitta tifa cike da yashi, ko tubalan kankare a jere a karkace yadda mai shigowa dole ya rage gudu. Attajiran unguwa da ke sayen fanka da kafet ba za su kasa aron tifa na sa'a biyu ba. Kuma a lura da gefe. A birnin Niyu Olins na Amurka, ran 1 ga Janairu 2025, an cire turakun ƙarfe na bakin titi ana sauya su, aka gitta motar 'yan sanda a madadinsu, mutumin ya kewaye ta ta gefen masu tafiya a ƙasa, ya kashe 14. Ratar da za a bari ta zama wadda masu ɗauke da makara za su wuce, mota ba za ta wuce ba. A bar irinta da yawa, don in firgici ya tashi kada turmutsitsi ya yi abin da motar ba ta yi ba.

Saura magana ɗaya, ga almajirai musamman. In abin ya auku, Allah ya kiyaye, kada hannunku ya taɓa direba, kada ku sa wa mota wuta. Wanda aka kashe a wurin ya tafi da amsar tambayar da alƙali ke bukata, ko ganganci ne ko kuskure, ko shi kaɗai ne ko an aiko shi. Magada kuma sun rasa wanda za su bi hakkinsu a kansa. Ku kama shi, ku kewaye shi da jikinku, ku miƙa shi ga hukuma, sauranku su ɗauki masu rauni zuwa asibitin Murtala.

Ina roƙon limamai su tara kwamitin masallacinsu kafin Juma'a mai zuwa, su fita da ƙafarsu su duba ta ina mota za ta iya shigowa.

Haza wassalam.