Gwangwani Ya Cika Kasuwa, Ƙwarya Ta Ƙafe

Yawancin madarar da muke zubawa a shayi daga ƙasashen waje take zuwa, alhali ga shanu a ƙasarmu. A 2020 Babban Bankin Nijeriya ya taƙaita ba da kuɗin waje don shigo da ita, a 2024 ya janye. Ƙwarya dai ba ta cika ba.

Ina za ta cika? Ɓarayin shanu sun addabi dajin Kamuku, har gwamnonin yankin suka nemi sojoji a 2015. Bafulatanar da aka raba da saniyarta, wane nono za ta kai kasuwar Birnin Gwari?

Hukuma ta tsare daji tukuna. Mu kuwa mu tuna, makiyayin da aka yi wa sata maƙwabcinmu ne. Ubangiji ya ba mu salama.